Jam ɗin guzberi: ɗanye ko nunanne, sukari zalla ko mai fektin, wanne zaki ɗauka?

Duk wadda ta samu guzberi a hannunta tana son tayi jam, abu biyu ne zata fara yanke shawara a kansu tun kafin ta ɗora tukunya a wuta, na farko wanne guzberin zata saka, kore shar wanda bai gama nuna ba ko wanda ya nuna yayi laushi, na biyu kuma wanne irin sukari. Sauran duk bayan waɗannan biyun suke biyowa. Ni dai ra'ayina bazan ɓoye miki ba, ɗanye nake so da sukari zalla, amma ba kowa ne zai dace da hakan ba shiyasa zan baje miki su duka ki duba da kanki.

Amma fa mu fara tabbatarwa abu ɗaya muke magana a kai. Guzberin da nake nufi shine na Turai, wanda masana tsirrai suke kira Ribes uva-crispa, ɗan dunƙulalle ne mai layi layi a jikinsa, wani ma harda ɗan gashi, bishiyarsa gajera ce kuma ƙaya gareta sosai, akwai kuma ɗan uwansa na Amurka Ribes hirtellum da ya fishi ƙanƙanta kuma duk abinda zan faɗa ya shafeshi shima. Amla da ake kira guzberin Indiya daban ne, haka shima ɗan ruwan ɗorawan nan da yake zuwa a cikin busasshiyar riga kamar takarda daban ne, ba dangi ɗaya suke ba kuma ma'aunin da zan bayar anan bazai yi musu aiki daidai ba.

Toh me yasa nake nacewa akan ɗanye? Jam baya kama jikinsa sai abu uku sun haɗu, fektin da tsami da sukari. Fektin wani sinadari ne da yake cikin naman 'ya'yan itace da ɓawonsu, shi yake riƙe jikinsu yasa suke da tauri, idan aka dafa sai ya fito cikin ruwan, tsami da sukari kuma su suke sashi ya harhaɗe ya riƙe ruwan har ki samu jam ɗin da zaki ɗebo da cokali ya tsaya bai zube ba. Shi guzberi yana cikin 'ya'yan itacen da Allah ya hore musu fektin da tsami da yawa, amma fa yawan yana lokacin da yake ɗanye ne, yana fara nuna fektin ɗin zai fara warwarewa, shiyasa ma yake laushi, tsamin shima ya ragu. Kinga kenan wadda ta ɗauki ɗanye ta riga ta samu biyu daga cikin ukun a kyauta, sukari kawai zata ƙara, babu lemun tsami babu fektin na kwali babu komai.

A Ingila masu shukashi suna rage 'ya'yan tun ƙarshen watan Mayu zuwa Yuni, su cire wasu su bar wasu dan ragowar su samu wurin girma, to waɗannan da aka cire ɗin korayen masu tauri sune na girki kuma sune suka fi yin jam mai kyau, ragowar kuma sai wajen Yuli suke nuna a cisu haka nan. Ba wai ƙanana ƙwarai nake nufi ba fa waɗanda basu ma tara ruwa ba, a'a, wanda ya kusa kai girmansa amma idan kika matsa da yatsa bai lotsa ba, idan kika ciza kuma sai kin yamutsa fuska, wannan shine.

Maganar ɗanɗano ita ce ma ta fi damuna. Jam sukari ne kusan kashi 60 zuwa 65 cikin 100 idan ya gama dahuwa, wannan zaƙi ne mai yawan gaske, idan babu tsami mai ƙarfi da zai tareshi to abinda zaki samu zaƙi ne kawai mai ginsa wanda cokali ɗaya ya isheki. Ɗanyen guzberi tsaminsa baya ɓacewa a cikin sukarin, zakiji zaƙin ya fara zuwa sannan tsamin ya biyo baya ya wanke miki baki har kina son ƙari, kuma wallahi wannan shine dalilin da yasa ake yin jam ɗin guzberi tun farko, in ba haka ba ai da sai ayi na wani abun daban da ya fishi sauƙin gyarawa.

Nunanne kuma ba wai bashi da nashi alherin bane, kar in zalunceshi. Yana da ƙamshi da ɗanyen bashi dashi, musamman jajayen irinsu Hinnonmäki Red na ƙasar Finlan da Whinham's Industry, kalar jam ɗinsu ja ce mai duhu gwanin sha'awa, ɓawonsu ya fi saurin laushi, kuma zaki iya rage sukari kaɗan tunda shi kansa yana da zaƙi, yara da mutanen da basa son tsami sun fi karɓarsa. Matsalarsa ita ce kama jiki. Idan ya nuna tuɓus to sai kin taimaka masa da ruwan lemun tsami kamar cokali biyu manya a duk kilo ɗaya, kuma ko da hakan ma yakan ɗauki lokaci a wuta fiye da ɗanyen, shi kuma jam duk mintin da ya ƙara a wuta yana ƙara duhu, ƙamshin 'ya'yan yana fita, ɗanɗanon ƙonannen sukari yana shiga, ruwan kuma yana ƙonewa har ki ga kwalaben da kika wanke basu cika duka ba. Wato abinda kika zaɓi nunannen dominsa, ƙamshin, shine kike rasawa a garin jiran ya kama.

Idan nunanne kawai ke gareki ki nemi ɗanye ko da kwata ne na abinda zaki dafa ki haɗa, wannan haɗin gaskiya yana bada abu mai kyau, ƙamshi daga wancan ƙarfi daga wannan. Idan kuma shuka zakiyi dan jam kawai, Invicta da Careless korayen iri ne da aka sani da girki, Invicta yana zuba 'ya'ya sosai kuma baya saurin kama farar fumfunar nan da take damun guzberi sai dai ƙayarsa ba wasa, shi kuma Leveller ruwan ɗorawa ne an fi sonsa dan ci haka nan, ni bazan ɓatashi a tukunya ba.

Akwai abinda yake bawa mutane mamaki karon farko, ki zuba kore shar a tukunya ki sauke jam mai ruwan hoda ko ma ja. Ba lalacewa yayi ba, haka yake, zafi da tsami ne suke canza masa kala kuma iya daɗewarsa a wuta iya jan da zaiyi. Mai son ya tsaya kusa da kore sai ta dafa kaɗan kaɗan, kilo ɗaya a lokaci guda, a tukunya mai faɗi da wuta mai ƙarfi dan ya kai da wuri. Mutanen zamanin da suna dafashi a tukunyar jan ƙarfe saboda tana riƙe masa koren, amma dalilin shine tsamin yana cin jan ƙarfen yana shiga cikin abincin, dan haka ni bana bada wannan shawarar, kala bata kai a ci ƙarfe saboda ita ba. Tukunyar sitenles mai kaurin gindi ita ce daidai, alminiyam da baƙin ƙarfe suma tsami yana taɓasu har ɗanɗanon ya canza.

Ko wanne kika zaɓa aikin farko ɗaya ne, ki wanke, ki ɗauki almakashi ki yanke ɗan tsinken sama da busasshen furen da yake ƙasa, ɗaya bayan ɗaya, yana cin lokaci babu ƙarya amma idan kika barsu zakiji su a baki. Sai ki zuba a tukunya da ruwa, ɗanye yana son kamar mililita 250 zuwa 300 a kilo, nunanne rabin haka ya isheshi tunda shi zai kawo nashi ruwan, ki barshi a ƙaramar wuta minti 15 zuwa 20 har ɓawon ya fashe yayi laushi sosai. Dan Allah kar ki saka sukari kafin wannan, sukari yana ƙara wa ɓawo tauri, idan ya shiga alhali ɓawon bai yi laushi ba to ko awa nawa kika ƙara bazai ƙara laushi ba, haka zaki dinga taunarsa a cikin jam ɗin har kwalbar ta ƙare. Ɗanyen ya fi buƙatar wannan haƙurin, anan ne kaɗai nake ganin nunanne ya fishi sauƙi ƙarara.

Yanzu sukari. Hanya ta farko farin sukari na yau da kullum, kilo ɗaya na guzberi kilo ɗaya na sukari, idan ɗanyen yayi tsami da yawa ki kai kilo 1.2, idan nunanne ne giram 800 zuwa 900 ma yayi. Ki zuba a ƙaramar wuta kina juyawa har sai kin daina jin gurus gurus a gindin tukunya, sannan ki ƙure wutar ya tafasa tafasar da ko kin juya bata kwanciya, ɗanye yakan kai cikin minti 10 zuwa 15. Kilo da kilo zai baki jam wajen kilo 1.6, kuma saboda yawan sukarin idan kwalba ta rufu da kyau zai kai shekara a wuri mai sanyi mara hasken rana. Abinda ake kuka dashi kawai shine zaƙi, da kuma cewa dole ki iya gane lokacin saukewa da kanki.

Hanya ta biyu sukarin jam ne wanda kamfani ya riga ya haɗa masa fektin da sinadarin tsami, ana tafasashi minti 4 kacal ko abinda aka rubuta a jikin leda a sauke. Wannan an yishi ne dan 'ya'yan itacen da basu da fektin irin su sitiroberi, idan kika sakashi a ɗanyen guzberi kin haɗa fektin akan fektin kenan, jam ɗin zai daskare yayi tauri kamar roba ki kasa shafashi a burodi, asarar kuɗi ce kuma asarar guzberi. Inda yake da amfani shine nunanne tuɓus, anan kam zan ce ki ɗaukeshi ba kunya, saboda gajeriyar tafasar zata tsare miki ƙamshin da kalar da doguwar tafasa zata cinye, kuma wadda bata taɓa yin jam ba zata samu kwanciyar hankali tunda agogo kawai zata duba. A Jamus suna sayar da irin wannan sukarin kala uku, 1:1 da 2:1 da 3:1, wato awo ɗaya ko biyu ko uku na 'ya'yan itace akan awo ɗaya na sukari, sai dai masu ƙarancin sukarin yawanci ana ƙara musu maganin hana lalacewa dan ya tsaya a madadin sukarin da aka rage, ki karanta bayan ledar idan hakan ya dameki.

Hanya ta uku ita ce ta masu gudun sukari, kuma anan nake so a fahimci wani abu. Sukarin cikin jam ba dan zaƙi kawai yake ba, shi yake kama ruwan ya hana fumfuna samun abin sha, kuma fektin ɗin da yake cikin guzberi baya daskarewa sai da sukari mai yawa. Idan kika rage zuwa rabin kilo a kilo ɗaya haka kawai, zaki samu abu mai daɗi sosai mai ɗanɗanon 'ya'yan itace amma ruwa ruwa ne, kuma na firij ne, sati biyu zuwa uku ki cinyeshi ko ki raba a ƙananan robobi ki jefa a firiza. Akwai wani fektin na musamman da yake daskarewa da kalsiyam ba da sukari ba, irin wanda kamfanin Pomona's suke yi, dashi zaki iya samun kauri da sukari kaɗan ko da zuma, amma shima da zarar an buɗe kwalba kwanakinsa ƙididdigaggu ne. Sannan ki tuna ɗanyen guzberi da sukari kaɗan tsami ne da ba kowa zai iya ba, dan haka mai bin wannan hanyar nunanne ya kamata ta nema. Kinga yadda zaɓin biyu suke ɗaure da juna, ɗanye yana tafiya da sukari zalla cikakke, nunanne yana tafiya da mai fektin ko mai ƙarancin sukari, idan aka gauraya su ba daidai ba anan ake samun ko dutse ko ruwa.

Na firiza da sabon tsinka kuwa ban ga wani bambancin da za'a tsaya jayayya a kai ba, guzberi yana jure firiza sosai, ƙanƙarar ma tana fasa ɓawon ta rage miki aiki, ki rage ruwan da zaki zuba kawai, kuma ki yanke kai da ƙasan tun kafin ki daskarar.

Sai 'ya'yan ciki, ƙananan ƙwayoyin nan. Wasu basa damuwa dasu, ni ma ina son ganinsu a kwalba, wasu kuma suna shiga musu haƙori. Idan bakya so, bayan ya yi laushi kafin sukari ki murzashi a rariya ki zubar da ɓawo da ƙwayoyin, kinga ma kin huta da aikin almakashi gaba ɗaya tunda rariyar zata tare komai, sai ki auna abinda ya fita ki saka sukari daidai da nauyinsa. Ko kuma kiyi jeli, ki zuba dafaffen a ƙyalle mai tsabta ki rataye ya kwana yana ɗiga, kar ki matse idan kina son ya fito garau, sannan giram 450 na sukari a duk mililita 600 na ruwan. Jelin yana da kyau a ido amma abinda zaki samu kaɗan ne akan jam, idan guzberin naki bashi da yawa ba shi bane zaɓinki.

Gane lokacin saukewa shima hanya biyu ce kuma ni ina ganin a haɗasu ya fi. Ma'aunin zafi zai nuna miki digiri 104 zuwa 105 lokacin da sukarin ya kai yadda ake so, amma wannan a ƙasa ne daidai da teku, idan wurinku tudu ne ki cire kamar digiri ɗaya a duk mita 300. Faranti kuma ki saka biyu ko uku a firiza tun farko, idan kina zargin ya kai ki sauke tukunyar daga wuta tukunna, ki ɗiga kaɗan a farantin mai sanyi ki jira minti ɗaya ki tura da yatsa, idan saman ya tattare yayi ƙunci ƙunci kuma hanyar da yatsanki ya bi bata rufe ba to ya yi. Da ɗanyen guzberi na fi yarda da faranti, saboda fektin ɗinsa yana da yawa har yakan kama tun ma'aunin bai gama kaiwa 105 ba, wadda ta tsaya jiran lamba sai ta wuce gona da iri. Ki fara gwadawa tun minti 8, wanda bai kama ba ana iya mayar dashi wuta amma wanda ya wuce babu yadda za'ayi dashi. Kumfar da ta taso ki kwashe a ƙarshe sau ɗaya ko ki jefa ɗan bota ki juya ta narke, sannan ki barshi ya huta minti 10 kafin ki zuba dan kar ɓawon duk ya taso saman kwalba.

Idan kin samu furen elda, farin furen nan da yake fitowa lokaci ɗaya da ɗanyen guzberi a Turai, ki ƙulle kai biyar ko shida a ƙyalle ki jefa lokacin dafa 'ya'yan ki cire kafin sukari, yana bada ƙamshi irin na inabin muskat kuma da ɗanyen ya fi dacewa, shi nunanne yana da nashi ƙamshin basa buƙatar juna.

Kwalabe kuma, ki wankesu da sabulu ki sakasu a oben a digiri 140 na minti 15 ko ki tafasasu a ruwa minti 10, murafen ki tafasa daban, kuma jam mai zafi a kwalba mai zafi ake zubawa dan kar ta fashe. Daga nan Turawan Ingila su dai cikawa suke kusan baki su rufe nan take shikenan, su kuma a Amurka hukumar noma tasu tana cewa bayan an rufe a sake nutsa kwalaben a tafasasshen ruwa, minti 5 idan an riga an tafasa kwalaben minti 10 idan ba'a yi ba. Jam mai cikakken sukari da tsamin ɗanye da za'a cinye cikin 'yan watanni hanyar farko tana yi masa, amma idan kin rage sukari, ko wurin ajiyarki yana da zafi da laima, ko kyauta zaki bayar baki san yaushe za'a buɗe ba, ki daure kiyi ta biyun. Washegari ki danna tsakiyar kowanne murfi, wanda yayi ƙas ya dawo sama bai rufu ba, wannan ki sakashi a firij ki fara dashi, sauran ki rubuta musu kwanan wata ki ajiye.